Hannuwan da Suka Ɗura Harsashi: Mata da Masana'antun Makamai a Yaƙoƙin Duniya

 

Yau ba girki za mu yi ba, ba kuma zancen raino ba. Wata 'yar uwa ce ta aiko mana da wasiƙa, ta ce kullum ta kunna rediyo sai ta ji an ce an kama bindigogi kaza, an ƙwace harsasai kaza, har ƙaramin ɗanta ya iya faɗin sunan bindigar da ake kira AK-47 alhali bai gama haddace ƙidaya ba. Ta ce ita abin da ke ɗaure mata kai shi ne, su wa ke zama su ƙera waɗannan abubuwa, kuma yaya aka yi suka yi yawa haka a duniya kamar ƙasa? Na daɗe ina juya wannan tambaya. Da na shiga karatu a kanta sai na tarar amsar tana cike da mata. To, uwargida, in kina tsince shinkafa ki ci gaba da abinki, kunne kawai nake so ki ba ni.

Mu fara daga abin da muka sani. A da can, makami aikin maƙeri ne. Mutum ɗaya da zugazuginsa da uwar maƙerarsa, ya yi kwanaki kafin ya fitar da takobi ɗaya ko ya gyara bindigar toka ɗaya. Abin da ya sauya duniya shi ne lokacin da inji ya karɓi wannan aiki. A shekarar 1884 wani Ba'amurke mazaunin Ingila mai suna Hiram Maxim ya ƙera bindigar da ke ɗura wa kanta harsashi, tana iya fitar da kamar 600 a minti ɗaya. Irinta ce mutanenmu ke ce wa mai jigida, saboda harsasanta a jere suke cikin ɗamara kamar jigidar da kika sani. Wannan bindiga ba baƙuwa ba ce a tarihinmu. Da ita sojojin Lugga suka zo Kano a watan Fabrairun 1903, da ita suka fuskanci mayaƙan Sakkwato ran 15 ga Maris na wannan shekara, kuma a watan Yuli Sarkin Musulmi Attahiru ya rasu a yaƙin Burmi. Ba jarumtaka kakanninmu suka rasa ba. Doki da mashi ne suka gamu da abin da aka ƙera a masana'anta.

Sai dai bindiga mai cin harsashi 600 a minti tana da ciki, kuma dole a cika shi. Turawa ba su gane girman wannan ciki ba sai da suka juya makaman a kan junansu a Yaƙin Duniya na Ɗaya, daga 1914 zuwa 1918.

Da aka fara yaƙin, kowa na zaton 'yan watanni za a yi a gama. Sai sojoji suka haƙa ramuka a ƙasar Faransa da Beljiyam suka zauna a ciki, kowane ɓangare na ruwan igwa a kan ɗaya, dare da rana. Kafin a yi nisa cikin 1915 harsashin igwa ya yi wa Ingila ƙaranci, har aka riƙa ƙayyade wa masu harbi adadin da za su harba a yini, kamar yadda kike auna wa yara tsaba idan rumbu ya yi ƙasa. Jaridu suka fasa ƙwai, gwamnati ta girgiza, aka kafa sabuwar ma'aikata ta musamman don makamai, aka ɗora wani ɗan siyasa mai suna Lloyd George a kanta. Ya gina manyan masana'antu a faɗin ƙasar. To amma wa zai yi aikin? Maza suna ramuka. Sai aka waiwayi mata.

Ki dubi yawan abin da ake nema. A mako ɗaya kacal kafin babban gumurzun da aka yi a bakin kogin Somme a 1916, Ingila ta harba harsashin igwa wajen miliyan ɗaya da rabi. Kowane ɗaya sai da aka sassaƙa ƙwansonsa na ƙarfe a inji, aka ɗura masa nakiya, aka ɗaura masa kan da ke tayar da shi. In na ce nakiya, uwargida, ba ta gara nake nufi ba, wadda ake kai wa gidan amarya da alkaki. Wannan mai fashewa ce. Kafin yaƙin ya ƙare, matan da ke aikin makamai a Ingila sun doshi miliyan ɗaya, kuma galibin harsasan da sojojin ƙasar suka harba a ƙarshen yaƙin hannun mata ne ya yi su. Da yawansu 'yan aikatau ne a gidajen masu kuɗi kafin nan, wasu masaƙa, wasu matan aure ne da mazansu ke fagen daga.

A nan nake so mu ɗan zauna, domin a nan labarin ya fi taɓa ni.

Nakiyar da aka fi ɗurawa sunanta TNT. Gari ce mai ɗan launin rawaya, wani lokaci a narka ta a zuba kamar kunu, wani lokaci a danna ta da hannu cikin ƙwanson. Mace ta yi awa takwas, wani wuri har goma sha biyu, tana shaƙar ƙurarta, tana taɓa ta. Ba a daɗe ba sai fatarsu ta fara rinewa. Fuska, hannu, wuya, duk su koma ruwan ɗorawa, gashin goshi ya yi ja-ja. Kin san yadda lalle ke kama tafin hannu? To wannan ya kama jiki duka, kuma sabulu ba ya fitar da shi. Mutanen gari suka laƙaba musu suna 'yan matan kanari, saboda tsuntsun nan mai rawaya da ake sa wa a keji. A cikin jirgin ƙasa, kallo ɗaya za a yi wa mace a san inda take aiki. Wasu masu juna biyu har jariransu sun zo duniya da wannan launi, ko da yake na jariran yakan washe da kansa bayan wani lokaci.

Da a fata abin ya tsaya, da da sauƙi. Gubar tana shiga hanta. Sai mace ta fara amai, ciwon kai, kasala, daga nan shawara mai tsanani ta kama ta. Ɗaruruwa sun kamu da wannan shawara, kuma kimanin ɗari sun mutu da ita. Maganin da hukuma ta fi dogara da shi a lokacin shi ne madara. A wata masana'anta da ake kira Barnbow, kusa da birnin Lidis, inda ma'aikata suka kai wajen 16,000 kuma kusan dukkansu mata, har garken shanu aka ajiye, saniya 120, don a riƙa ba ma'aikata madara su sha iya shansu. Madara abinci ce mai kyau, amma ba ta kashe gubar TNT. Abin da ya rage mace-macen daga baya shi ne buɗe tagogi don iska, da rage taɓa garin da hannu, da sauya wa mace wurin aiki kafin gubar ta taru a jikinta.

Sa'an nan ga tsoron wuta. Kafin mace ta shiga ɗakin ɗuri sai an caje ta tun daga kai har ƙafa. Ba ashana, ba taba, ba zobe, ba ɗan kunne, ko ɗan ƙarfen maƙale gashi ba a yarda da shi ba, takalmi ma sai wanda ba ƙusa a jikinsa, domin ƙyastu ɗaya ya isa. An gurfanar da mata a kotu a kan ƙwayar ashana da aka samu a aljihunsu. Duk da haka abin da ake gudu ya faru. Daren 5 ga Disamba 1916, masu aikin dare sun shiga ke nan a Barnbow, wani harsashi ya tashi a ɗaki mai lamba 42. Mata 35 suka rasu. Saboda dokar yaƙi, jaridu ba su ba da labarin ba. Sanarwar rasuwa kawai aka riƙa bugawa ɗaya-ɗaya, a ce wance ta rasu ta hanyar haɗari. Ki yi tunanin uwar da 'yarta ta fita aikin dare ba ta dawo ba, kuma ba ta da ikon ta ji an faɗi gaskiyar abin da ya kashe ta a bainar jama'a.

Bayan wata ɗaya da 'yan kwanaki, ran 19 ga Janairu 1917, wata masana'antar TNT a unguwar Silvertown ta birnin Landan ta tashi, mutum 73 suka mutu, fiye da 400 suka jikkata, domin a tsakiyar gidajen talakawa aka kafa ta. Mafi muni ita ce ta Chilwell, ran 1 ga Yuli 1918: mutum 134, kuma 32 kawai aka iya ganewa. Washegari waɗanda suka tsira suka koma bakin aiki. Wasu marubuta suna ba da wannan a matsayin jarumtaka, ni ma ban musa ba. Amma ina ganin a ciki har da rashin zaɓi, domin albashin makamai ya fi na aikatau nesa ba kusa ba, ga yara a gida, ga miji a rami. Kuma ko da yake ya fi na aikatau, bai kai na namijin da ke tsaye kusa da ita yana aiki iri ɗaya ba. Sau da yawa wajen rabinsa ake ba ta.

Ɓangaren Jamus kuma wata matsala ce ta same su, kuma maganin da suka samo mata yana cikin gonar maigidanki yau. Ba a yin nakiya sai da wani gishiri da a lokacin ake haƙowa a ƙasar Chile, can Kudancin Amurka. Jiragen ruwan Ingila suka tare hanya. Da haka aka tsaya, da albarushin Jamus ya ƙare da wuri. Amma kafin yaƙin wani masanin haɗa sinadarai, Fritz Haber, ya gano yadda za a tatso sinadarin daga iskar da muke shaƙa, wani injiniya Carl Bosch ya mai da dabarar ta zama babbar masana'anta a 1913. Da wannan Jamus ta ci gaba da yaƙi har shekara huɗu. Wannan dabara dai ita ce ake yin takin zamani da ita har gobe, irin su yuriya da ake rububi da damina. Tukunya ɗaya, abinci da ajali.

Shi Haber ɗin bai tsaya nan ba. Shi ya jagoranci sakin iska mai guba a kan sojoji a kusa da garin Ypres ran 22 ga Afrilu 1915. Matarsa, Clara Immerwahr, ita ma masaniyar sinadarai ce, mace ta farko da ta sami digirin dakta a wannan fanni a jami'ar Breslau. Kwana goma bayan harin, ta harbe kanta da bindigar mijin a gidansu. Masana tarihi sun yi saɓani a kan dalilinta, wasu sun ce baƙin cikin aikin mijin ne, wasu sun ce har da zaman auren da ya danne iliminta. Shi kuwa ya kama hanya ya koma fagen daga bai ɓata lokaci ba.

Da yaƙi ya ƙare a 1918, aka ce wa mata an gode, ku koma gida, maza sun dawo. A 1919 har doka aka yi ta mayar da ayyukan masana'antu yadda suke kafin yaƙi. A 1918 an ba matan Ingila damar jefa ƙuri'a, amma sai wadda ta kai shekara 30 kuma ta cika wasu sharuɗɗan dukiya, watau yawancin 'yan matan kanari ba su shiga ciki ba.

Shekara 21 bayan haka aka sake komawa ruwa. Yaƙin Duniya na Biyu, 1939 zuwa 1945, wanda tsofaffinmu ke kira yaƙin Hitila, shi ne yaƙin da masana'anta ta yanke hukuncinsa fiye da kowane. A wannan karo Ingila ba roƙon mata ta yi ba. A watan Disamba 1941 ta yi dokar da ta wajabta wa matan da ba su da aure, 'yan shekara 20 zuwa 30, su shiga aikin yaƙi, ko a rundunonin taimako ko a masana'anta. Waɗanda ke gida ma ba a ƙyale su ba. A 1940 ministan ƙera jiragen sama ya roƙi matan aure su ba da tukwanensu na alminiyam a narka a yi jirgin yaƙi, mata suka yi ta fito da tukwane da butoci, ko da yake daga baya an gane amfanin da aka samu bai kai yawan hayaniyar ba. A Amurka kuwa kitse aka nema. An ce wa uwargida in ta gama suya kada ta zubar da sauran mai, ta tace shi a gwangwani ta kai wa mahauci, domin daga kitse ake fitar da wani sinadari da ke shiga haɗin nakiya. Kin ga yaƙi ya shigo har madafa.

Labarin Amurka labarin yawa ne. A farkon 1942 aka dakatar da ƙera motocin hawa na farar hula gaba ɗaya, masana'antun mota suka koma tankoki da jirage. Kamfanin Ford ya gina wata makekiyar masana'anta a Willow Run, jihar Mishigan, don ƙera jirgin jefa bama-bamai mai inji huɗu da ake kira B-24. Dabarar ita ce a yanka aikin ƙanana-ƙanana. Ba a neman gwanin da ya san jirgi duka. Ke aikinki ƙusa ce a fiffike, waccan nata waya ce, jirgin yana tafiya a kan layi yana wuce ku ɗaya bayan ɗaya. Kamar dai aikin abincin biki ne, wata na yanka albasa, wata na jajjage, wata na kan wuta, ba wadda ta dafa tukunyar ita kaɗai. Da farko abin ya yi ta cijewa, har mutane na yi wa wurin ba'a, amma zuwa 1944 jirgi ɗaya ke fitowa kusan kowace awa, kuma jimillar da aka ƙera a wurin ta haura 8,600. Wajen kashi ɗaya cikin uku na ma'aikatan mata ne. A tsawon yaƙin Amurka ta ƙera jiragen sama kimanin 300,000.

Haka aka yi da jiragen ruwan dakon kaya da ake kira Liberty. Maimakon a haɗa su da ƙusa yadda aka saba, sai aka koma walda, ana ƙera gaɓoɓin a wurare dabam-dabam a zo a haɗa. Na farko sun ci wata bakwai zuwa takwas, daga baya aka dawo kwana 42, kuma an yi guda 2,710. Akwai ɗaya da aka haɗa cikin kwana huɗu da 'yan awoyi a 1942, amma wannan don nuna bajinta ne. Abin da ya fi burge ni ba saurin ba ne. Mai kamfanin, Henry Kaiser, ya lura mata masu walda suna fashin aiki saboda ba mai riƙe musu yara. Sai a 1943 ya buɗe gidajen raino a bakin ƙofar ma'aikatarsa ta Portland, a buɗe dare da rana, da malamai da ma'aikatan jinya, har da dafaffen abinci da uwa za ta saya ta wuce da shi gida in ta tashi. Ashe an san matsalar, an kuma san maganinta. Yaƙi na ƙarewa aka rufe su.

Na Tarayyar Sobiyat ya fi kowanne wuya. Jamus ta auka mata ran 22 ga Yuni 1941, kuma yawancin masana'antunta suna yamma, a kan hanyar abokan gaba. Cikin 'yan watanni suka kwance manyan masana'antu fiye da 1,500, suka loda a jiragen ƙasa da injuna da ma'aikata, suka kai su gabas, bayan duwatsun Ural da Saiberiya. A wasu wuraren an kunna injin kafin a yi rufin ɗaki, ƙanƙara na zuba a kan masu aiki. Fiye da rabin ma'aikatan masana'antu mata ne, ga yara matasa da ake sa wa akwati su taka don hannunsu ya kai inji. Garin Chelyabinsk har laƙabi ya samu, birnin tankoki. Jamus kuma ta dogara da aikin tilas, miliyoyin mutanen da ta kamo daga ƙasashen da ta mamaye da fursunonin sansani. Rokarta mai suna V-2 a cikin ramin dutse fursunoni suka ƙera ta, kuma waɗanda suka mutu wajen ƙera ta sun fi waɗanda ta kashe da aka harba ta yawa.

To mu fa, ina muke a wannan lokaci? Kin san labarin sojojinmu da aka kai Bama. Amma akwai wani ɓangare da ba a cika faɗa ba, shi ne na kuza. Duk wata masana'antar makamai tana buƙatar kuza: da ita ake like wayoyin lantarki, tana cikin gaɓoɓin inji, da ita ake shafe gwangwanin abincin soja don kada ya yi tsatsa. Malaya, wadda ke hannun Ingila a lokacin, babbar mahaƙar kuza ce. A farkon 1942 Japan ta ƙwace Malaya, Singafo ta faɗi ran 15 ga Fabrairu. Sai ido ya dawo kan tsaunukan Jos.

Gwamnatin mulkin mallaka ta kafa dokar aikin tilas a ma'adinan kuza, daga 1942 zuwa 1944. Ita ce mutanenmu suka sa wa suna ɗiban gwamna. A aiko wa hakimi adadi, hakimi ya raba wa dagatai, dagaci ya shiga gari ya nuna wane da wane. Fiye da mutum 100,000 aka kwasa daga lardunan Arewa a tsawon wannan lokaci, kowane rukuni ya yi 'yan watanni a kawo wani. Manomi ne da ya saba da zafin Katsina ko Sakkwato, a kai shi sanyin Filato da riga ɗaya, ya wuni cikin ruwa da laka yana ɗaukar ƙasa a kwano a ka, ya kwana a bukkar da ke yoyo, abinci bai isa ba. Ciwon haƙarƙari da gudawa suka yi ta ɗauke mutane, da yawa kuma suka gudu da ƙafa. Maganar ta kai har majalisar dokokin Ingila kafin a soke dokar a 1944. Kakata takan ce a garinsu in aka ji an ce ga 'yan doka nan da takarda, samari ta bayan gida suke tsallakewa su kwana a dawa. Kuma in an ɗebi namiji ana tsakiyar damina, wa kike jin ya rage da gonar, da tsofaffi, da yara? Ba wanda ya rubuta sunayen waɗannan mata a littafi, amma su ma sun biya kuɗin kuzar.

Gyaɗarmu ma an matsa a noma ta don man da Ingila ke buƙata. Kazalika filin jirgin saman Kano ya zama zango: tun daga 1940 ake kawo jiragen yaƙi a cikin akwatuna ta ruwa zuwa Takoradi a ƙasar Gana ta yau, a haɗa su a can, su taso ta Legas, Kano, Maiduguri, su ratsa Chadi da Sudan har Masar. Dubban jirage sun bi wannan hanya.

Makami na ƙarshe a wannan yaƙi ma akwai hannun mata a ciki, ba tare da sun sani ba. A wani ɓoyayyen gari mai suna Oak Ridge a jihar Tenesi, an ɗauki 'yan mata da yawa da ba su daɗe da gama sakandare ba, aka zaunar da kowacce gaban wani allo mai agogo-agogo. An ce mata in allura ta karkata nan, ki murɗa wannan ta dawo. An hana tambaya, an hana hira a kan aikin ko da a ɗakin kwana. Ashe ma'adinin yuraniyam suke tacewa, wanda aka haƙo mai yawa daga cikinsa a ƙasar Kwango. Ran 6 ga Agusta 1945 aka jefa bam ɗin a birnin Hiroshima na Japan, kuma kafin ƙarshen shekarar mutum wajen 140,000 sun mutu. A ranar ce yawancin 'yan matan suka fara sanin abin da suka yi wata da watanni suna yi.

Yanzu mu dawo kan tambayar 'yar uwarmu. AK-47 'yar wannan zamani ce. Wani sojan tanka na Sobiyat, Mikhail Kalashnikov, ya ji rauni a 1941, yana jinya ya fara tunanin ƙera bindiga. Harafin K na sunansa ne, 47 kuma shekarar 1947 ce da aka kammala samfurinta, rundunar ƙasar ta karɓe ta a 1949. An yi ta ne da darasin da yaƙi ya koyar: gaɓoɓi kaɗan, sauƙin ƙerawa da yawa, sauƙin koyo ga wanda bai yi makaranta ba, kuma ƙura ko laka ba sa hana ta tashi. A zamanin yaƙin cacar baka Sobiyat ta ba ƙawayenta izini da injunan ƙera ta, Sin da ƙasashen Gabashin Turai da Masar duk suka yi tasu, har aka ƙera miliyoyi masu yawan gaske. Ita kuma bindiga ba tumatir ba ce da za ta ruɓe. Wadda aka ƙera tun kafin a haife ni tana iya harbi yau. In yaƙi ya ƙare a wata ƙasa, ko gwamnati ta faɗi aka fasa rumbunan makamanta kamar yadda ya faru a Libiya a 2011, sai ta bi hamada daga hannu zuwa hannu har ta iso dazukan da kike ji a labarai. Shi Kalashnikov ya rasu a 2013, yana da shekara 94.

'Yar uwa da kika aiko da wasiƙa, da fatan na amsa miki gwargwadon hali. Agogo ya nuna lokacinmu ya cika. Wadda kakanta ko kakarta suka ba ta labarin ɗiban gwamna ko na yaƙin Bama, ta daure ta sa a rubuto mana, ko ta ba yaro saƙo ya kawo, za mu karanta a wannan fili. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. A gaida maigida, a shafa kan yara. Ku huta lafiya.